Wa Ya Ce Karatu Yana Kashe Ruhu? Mu Koma Antakiya



Akwai wa'azi iri biyu da suke yawo a tsakaninku a 'yan shekarun nan, a cikin wayoyinku da kuma a bakin wasu baƙin masu wa'azi da ake gayyatowa taron farkawa. Lokaci ya yi da za mu yi magana a kansu ba kwana-kwana. Na farko yana cewa Yahudawa mutane ne da suka nemi sayen ceto da ayyukansu, Allah ya gaji da su ya yashe su, ya ɗauko mu ya sa a gurbinsu. Saboda haka Tsohon Alkawari ya zama tsohon yayi, sai dai a tsinci ayar albarka a cikinsa idan an zo karɓar baiko. Na biyu ta ɗaya ƙofar ya shigo. Shi cewa yake yi ba ka cika mai bi ba sai ka sayi ƙahon rago kana busawa, ka yafa mayafin addu'ar Yahudawa, ka daina cewa Yesu ka koma cewa Yeshuwa, ka bar Lahadi ka koma Asabar.

Masu koyarwar nan biyu ba sa ga maciji da juna, amma akwai inda bakinsu ya zo ɗaya. Tambaye su abin da masana suka gano game da ikkilisiyar farko, sai su ce maka karatun tauhidi yana kashe ruhu, su jawo 2 Korintiyawa 3:6 su kafa hujja. Ayar nan kuwa tana kwatanta tsohon alkawari da sabo ne, ba ruwanta da ɗalibi da littafinsa. Mun ƙi koyarwar farko, mun ƙi ta biyu, mun kuma ƙi wannan raini da suke yi wa karatu, domin rashin karatun ne ya haifi duka biyun.

Mu fara daga inda rigimar ta fara. Antakiya ta Suriya, wadda yau take cikin ƙasar Turkiyya, ita ce birni na uku a girma a daular Roma, bayan Roma da Iskandariya. A can aka fara kiran almajirai Kirista (Ayyukan Manzanni 11:26). A can ne kuma aka ga abin da ba a saba gani ba: Bayahude mai kaciya da Bahelene marar kaciya suna sa hannu a akushi ɗaya saboda sunan Yesu. Bitrus ya zo, ya zauna ya ci tare da su. Sai wasu mutane suka iso daga wurin Yakubu a Urushalima, Bitrus ya fara janye jiki, sauran Yahudawa suka bi shi, har Barnaba, wanda tare da Bulus suka yi wahalar gina ikkilisiyar. Bulus ya tashi ya ƙalubalanci Bitrus a gaban jama'a (Galatiyawa 2:11-14).

Mai wa'azin da bai yi karatu ba yakan wuce wurin nan da sauri, ya ce Yahudawa masu girman kai ne, shi ke nan. Wanda ya karanta tarihi ba zai iya faɗin haka ba. Wajen shekara ta 167 kafin haihuwar Almasihu, sarki Antiyokus na huɗu ya haramta kaciya da kiyaye Asabar a ƙasar Yahudiya, ya tilasta wa mutane cin naman alade. An kashe iyaye mata saboda sun yi wa 'ya'yansu kaciya. Tsofaffi sun zaɓi mutuwa da su sa haramtaccen nama a baki. Littattafan Makabiyawa sun ba da labarin. To, mutanen da suka zo daga wurin Yakubu jikokin waɗannan ne. A wurinsu kaciya da abinci abubuwa ne da Allah ya umarta ta bakin Musa, kakanninsu kuma suka zub da jini a kansu. Tambayar da ke gabansu mai nauyi ce ƙwarai: idan Allah na Isra'ila ya buɗe ƙofa ga al'ummai, da wace riga za su shigo? Duk wanda ya san Attaura a lokacin zai ce, ai akwai hanya tun da can, a yi masa kaciya ya zama Bayahude, sa'an nan ya zauna.

Abin da manzanni suka yanke a Urushalima, wajen shekara ta 49 bayan haihuwar Almasihu, shi ne cewa ba sai ya zama Bayahude ba (Ayyukan Manzanni 15). Aka roƙi al'ummai su guji abin da aka miƙa wa gumaka, da jini, da mushe, da fasikanci, aka bar su da sauran rayuwarsu. Ku lura da abin da ba a tattauna ba a taron nan. Babu wanda ya tashi ya tambaya ko Bayahuden da ya gaskata da Yesu zai ci gaba da kiyaye Shari'ar Musa. Wannan ba abin tambaya ba ne a wurinsu, kowa ya san zai ci gaba. Shekaru bayan haka, da Bulus ya koma Urushalima, dattawa suka nuna masa dubban Yahudawa masu bi da suke da himma ga Shari'a, shi kuma ya shiga Haikali tare da mutum huɗu masu wa'adi ya yi tsarkakewa (Ayyukan Manzanni 21:20-26). A gaban majalisa ya kira kansa Bafarisiye, bai ce tsohon Bafarisiye ba. Ya ƙi yarda a yi wa Titus kaciya domin Titus Bahelene ne (Galatiyawa 2:3), amma shi da kansa ya yi wa Timoti kaciya, wanda uwarsa Bayahudiya ce (Ayyukan Manzanni 16:3). Ga Korintiyawa ya rubuta ƙa'idar da ya ce yana kafawa a dukan ikkilisiyoyi: mai kaciya kada ya nemi ɓoye kaciyarsa, marar kaciya kada ya nemi yin ta (1 Korintiyawa 7:17-20).

Mai cewa Allah ya gama da Yahudawa, ina zai kai Timoti? Mai cewa sai mun zama kamar Yahudawa, ina zai kai Titus?

Yadda baƙo ya koma mai gida har ya kori mai gidan, wannan labari ne da ya kamata kowane matashi Kirista ya sani. Alamarsa ta fara bayyana tun Bulus yana da rai. Wajen shekara ta 49 sarki Kalaudiyus ya kori Yahudawa daga Roma, abin da ya kai Akila da Bilkisu Koranti (Ayyukan Manzanni 18:2). Bayan mutuwarsa a shekara ta 54 suka fara komawa, suka tarar da ikkilisiyar da suka bari ta koma hannun al'ummai. Masana da yawa suna ganin wannan yana cikin dalilan da suka sa Bulus, da ya rubuta wa Romawa wajen shekara ta 57, ya ɓata sura uku cur, daga 9 zuwa 11, a kan Isra'ila. Ya tambaya ko Allah ya yashe jama'arsa, ya amsa da a'a mai ƙarfi. Ya kwatanta mu al'ummai da reshen zaitun na jeji da aka ɗaura a jikin itacen gida, ya ja mana kunne kada mu yi wa rassan asali fahariya, domin saiwar ce take ɗauke da mu.

Ba a ji jan kunnen ba. Romawa suka rushe Haikali a shekara ta 70. Bayan tawayen Bar Kokba, daga 132 zuwa 135, sarki Hadiriyan ya hana Yahudawa shiga Urushalima. Yusibiyus, marubucin tarihin ikkilisiya, ya ce shugabannin ikkilisiyar Urushalima goma sha biyar na farko duk Ibraniyawa ne, daga nan kuma sai na al'ummai. Wajen shekara ta 144 ikkilisiyar Roma ta fitar da wani attajiri mai suna Markiyon, wanda ya koyar da cewa Allah na Tsohon Alkawari dabam ne da Uban Yesu. Ya jefar da Tsohon Alkawari gaba ɗaya, ya riƙe Luka da ya yi wa aski da wasiƙun Bulus goma. Ikkilisiya ta kira wannan karkatacciyar koyarwa tun ƙarni na biyu. Duk mai tsayawa a bagade yau ya ce Allah na Tsohon Alkawari mai fushi ne, na Sabon Alkawari mai ƙauna, almajirin Markiyon ne ko bai taɓa jin sunansa ba.

Wajen shekara ta 160, Jastin mai shahada ya rubuta muhawararsa da wani Bayahude mai suna Tirifo. A ciki aka tambaye shi ko Bayahuden da ya gaskata da Almasihu amma yana kiyaye Shari'a zai sami ceto. Jastin ya ce a ganinsa zai samu, muddin bai tilasta wa al'ummai ba, amma ya yarda cewa akwai Kiristocin da ba sa ko son zama da irin waɗannan. Ku duba yadda tambayar ta juye cikin shekara ɗari da 'yan kai. A Urushalima ana tambaya ko ba'al'umme zai sami ceto ba tare da ya zama Bayahude ba. A zamanin Jastin ana tambaya ko Bayahude zai sami ceto ba tare da ya daina zama Bayahude ba. A shekarun 386 da 387, a Antakiyar nan dai ta Bitrus da Bulus, Yohanna Kirisostom ya yi wa'azi takwas masu zafi don ya hana mutanensa zuwa majami'ar Yahudawa a lokacin idodinsu, ya kuma zagi Yahudawa da kalmomin da ba za mu maimaita ba. A 1543 Martin Luther, wanda muke girmamawa saboda ya tsaya a kan ceto ta wurin bangaskiya, ya rubuta littafi yana ba da shawara a ƙone majami'un Yahudawa. A 1939 wasu malaman tauhidi a Jamus suka kafa cibiya a garin Eisenach don kankare duk wani tasirin Yahudawa daga ikkilisiya, har shugaban bincikenta, Walter Grundmann, ya yi ƙoƙarin nuna cewa Yesu ba Bayahude ba ne. Cikin shekaru shida da suka biyo baya aka hallaka Yahudawa miliyan shida.

Wani zai ce, to ga shi nan, ai masu digiri ne suka yi wannan. Gaskiya ne, mai digiri yana iya sayar da alƙalaminsa. Amma maganin mugun karatu shi ne karatu na gaskiya. Waɗanda suka tone ƙaryar nan ba da ihu suka tone ta ba, zama suka yi suka karanta abin da Yahudawan zamanin Bulus suka rubuta da hannunsu.

A 1963 Krister Stendahl, malami ɗan ƙasar Siwidin, ya nuna cewa Turawa sun daɗe suna karanta Bulus da tabarau na Luther, mutumin da lamirinsa ya hana shi barci a gidan sufaye. Bulus kuwa ya ce game da adalcin Shari'a ba a same shi da laifi ba (Filibiyawa 3:6). Abin da ya fi cin ransa shi ne yadda al'ummai za su shiga cikin alkawarin Ibrahim. A 1977 E. P. Sanders, Ba'amurke, ya fitar da babban littafi bayan ya bi rubuce-rubucen malaman Yahudawa da littattafan da aka fara ganowa a kogwannin Kumran, kusa da Tekun Gishiri, a 1947. Abin da ya samu shi ne Yahudawa ba su koyar da cewa mutum yana sayen shiga alkawari da aiki ba. Sun gaskata Allah ya zaɓi Isra'ila saboda jinƙansa, kiyaye Shari'a kuma ita ce amsar wanda aka riga aka karɓa, tare da tuba da hadaya ga wanda ya faɗi. Ko ɗan makarantar Lahadi zai iya gwada wannan da Littafinsa: Allah ya fitar da su daga Masar kafin ya kai su Sina'i, Kubawar Shari'a 7:7-8 kuma ta ce ba don yawansu ya zaɓe su ba. A 1982 James Dunn ya ɗora a kai, ya ce inda Bulus yake maganar ayyukan Shari'a a Galatiyawa, abin da ke gabansa musamman shi ne kaciya da dokokin abinci da ranaku, wato shingen da ya raba Bayahude da ba'al'umme. Da aka wallafa wata wasiƙa daga Kumran a 1994, sai ga wannan furuci na ayyukan Shari'a a cikinta da Ibrananci, a kan batutuwan tsarki da suka raba wata ƙungiyar Yahudawa da sauran.

Ba mu ce ku haɗiye duk abin da mutanen nan suka rubuta ba. Mu kanmu ba mu haɗiye ba. Dunn ya ƙuntata maganar fiye da kima a farko, domin Romawa 4:4-5 da Afisawa 2:8-9 suna rufe bakin kowane mai taƙama da kowane irin aiki, Bayahude ko Bahaushe. John Barclay, a littafinsa na 2015, ya fi kusa da gaskiya a ganinmu. Ya ce Yahudawa duka sun san alheri, amma ba duka suka fahimce shi iri ɗaya ba, abin da ya bambanta Bulus shi ne ya ga Allah ya ba da kyautar Almasihu ba tare da duban cancantar mai karɓa ba ko kaɗan, ko ta asali, ko ta aiki, ko ta matsayi. Akwai kuma masanan da suka zarce har suka ce Yahudawa suna da tasu hanyar ceto dabam, ba sa bukatar Yesu. Wannan mun ƙi shi, domin mutumin da ya ce addu'arsa ga Allah ita ce 'yan'uwansa su sami ceto (Romawa 10:1) bai ɗauka suna da wata hanya ba. Haka ake karatu: a auna, a ɗauki tsaba, a zubar da dusa. Wanda ya ƙi zuwa masussuka don tsoron ƙaiƙayi, da yunwa zai kwana.

Yanzu ga masu ƙaho da mayafi. Ba mu hana kowa koyon Ibrananci ba, da ma a ce goma daga cikinku za su koya. Amma wanda ya ce sunan Yesu ba ya aiki sai an ce Yeshuwa, ya sani yana gyara wa manzanni ne. Da Helenanci suka rubuta Sabon Alkawari, da siffar Helenanci suka rubuta sunan Ubangiji, suka kuma kira Allah da kalmar da Helenawa suke kiran allolinsu da ita, ba su ji tsoro ba. Wannan 'yanci ne ya sa da aka kammala fassara Littafi Mai Tsarki da Hausa a 1932, muka karanta Allah da Ruhu Mai Tsarki da bakin iyayenmu. Mutumin da ya sayar maka da mayafi ya ce addu'arka za ta fi saurin isa sama, yana yi maka abin da aka so a yi wa Titus ne, ya kuma karɓi kuɗinka a kai. Ba kuwa girmama Yahudawa ba ne a kwashi alamun ibadarsu a mai da su laya. Batun siyasar ƙasar Isra'ila ta yau da tutocin da ake kafawa a wasu majami'u, wannan zance ne na wata rana.

Abin da ya fi damunmu yana kusa da gida. Andrew Walls, masanin tarihin mishan da ya koyar a Saliyo da Najeriya, ya bambanta mutum biyu. Akwai wanda ya bar al'adarsa ya ɗauki ta waɗanda suka kawo masa addini, akwai kuma wanda ya juyo da abin da yake da shi, harshensa da tunaninsa da zumuncinsa, ya fuskantar da su ga Almasihu. Ya ce taron Urushalima na biyun ya zaɓa. Ɗalibinsa Kwame Bediako na Gana, a littafinsa na 1992, ya ajiye marubutan ƙarni na biyu irin su Jastin da Tatuliyan kusa da malaman tauhidin Afirka, har da namu Byang Kato, ya nuna tambaya ɗaya suke kokawa da ita: da na zama Kirista, me ya faru da wanda nake a da?

Wannan tambayar tana shigowa majami'unmu da ƙafafunta. Bahaushe ko Bafulatani ya gaskata da Yesu, sau da yawa ya rasa gida da dangi a kan haka, ya zo da babbar rigarsa da hularsa da sunan da ubansa ya raɗa masa. Sai a fara kallonsa a kaikaice. A ce ya sake suna. A ce matarsa ta ajiye mayafi. Har akwai masu gwada bangaskiyarsa da naman alade, a ga ko zai ci. Wace aya ce ta ba da wannan gwaji? Romawa 14 ta hana mai ci ya raina marar ci. Mun san tsoron da ke bayan wannan hali, mun san abin da garuruwanmu suka gani, ba kuma za mu raina hawayen kowa ba. Almajiran Urushalima ma sun ji tsoron Shawulu, da dalilinsu, sai da Barnaba ya kama hannunsa ya kai shi wurin manzanni (Ayyukan Manzanni 9:26-27). Hikima tana bincike, amma bayan binciken tana matsawa ta ba da wuri a tabarma. Idan shekara biyar ta wuce ɗan'uwan nan yana zaune a bencin baya, ba a taɓa ba shi karatun Littafi ba, ba wanda zai ba shi 'yarsa, to mun san wane gefen akushin Antakiya ake zaune. Haka nan idan zaɓen shugaban matasa ya koma ƙidayar 'yan yarenmu da 'yan yarensu.

Saboda haka ga abin da muka shirya. Makonni huɗu masu zuwa za mu karanta Galatiyawa 2, da Ayyukan Manzanni 15, da Romawa 9 zuwa 11, da Afisawa 2, sura ɗaya bayan ɗaya, daga farko har ƙarshe, ba tsallake. Kowa ya zo da Littafinsa da biro da takarda. Masu ƙaho su zo, masu cewa Tsohon Alkawari ya wuce su zo, za a ba kowa dama ya kawo ayarsa mu duba abin da ke gabanta da abin da ke bayanta. Mun kuma roƙi kwamitin matasa, kafin a sake gayyato baƙon mai wa'azi, a zauna da shi a tambaye shi dalilin da ya sa Bulus ya yi wa Timoti kaciya ya hana a yi wa Titus. Idan ya ce wannan tambayar 'yan makaranta ce, a ba shi ruwa ya sha, a biya masa kuɗin mota, a nemo wani.